Murya na fita, mutane sun ɓace: kwamfutar Kawu ta Mabera da tsofaffin ƙunshin kodek

Saura kwana tara a kama azumi Kawu ya aiko jikansa shagona, wai in zo gida Mabera in duba masa kwamfuta. Yaron ya ce an riga an kira wani mai gyara, ya danna nan ya danna can, ya ce bidiyoyin da ke ciki duk sun lalace, magani ɗaya ne, a yi mata fomat a ɗora sabuwar Windows. Kawu ya ba shi kuɗin kabu-kabu ya sallame shi, ya ce kada kowa ya sake taɓa ta sai ɗan ƙanwarsa ya zo.

Na isa bayan la'asar. Da muka gama gaisawa bai tsaya dogon bayani ba, ya jawo kujera ya danna wani fayil sau biyu. Sai ga guɗa ta cika ɗakin, ga muryar maroƙi, ga hayaniyar mata, amma allon baƙi ƙirin.

"Ɗana, saurara. Ga muryar mutane nan sarai. Wanga yaro yac ce sun lalace. Abin da yal lalace shina magana?"

Tambayar nan ta Kawu ita ce rabin binciken. Na rubuta yadda aikin ya gudana ne domin na sha ganin an share ajiyar gida ta shekara ashirin a kan hukunci irin wannan, alhali fayilolin lafiyarsu ƙalau.

Abin da ke cikin injin

Kwamfutar ta tebur ce, 'yar Beljiyam, mai Pentium 4 da ram gig 1, tana ɗauke da Windows XP. Kawu ya saye ta tun yana koyarwa, da ita yake buga tambayoyin jarrabawa. Da ya yi ritaya sai ta koma akwatin ajiyar gida. Duk wanda ya samo bidiyon wani taro na dangi, nan yake kawowa a zuba. Ana ta zubawa har kowane zamani ya bar irin nasa fayil a ciki.

Mafi tsufa shi ne bikin babbar 'yarsa. Mai kyamara ya ba su shi a faifan VCD guda biyu, daga baya wani ya kwafo foldar nan mai suna MPEGAV, shi ya sa sunan fayil ɗin bai wuce AVSEQ01.DAT ba. Sai walimar dawowarsa daga Hajji, wadda aka yi a DVD, fayilolinta VOB. Sai tarin karatun tafsiri da aka samo wajen masu turi, duk AVI. Sai gajerun bidiyoyi na 3GP da aka ɗauka da tsofaffin wayoyin Nokia, cikinsu har da saukar karatun autansa, inda marigayiya Inna ta fito. Na baya-bayan nan su ne MP4 da ake turowa ta WhatsApp, da wasu manya-manya da ɗansa na Kaduna ya ɗauka da iPhone ya kawo a filash.

Kowane iri da tasa cutar. Na bikin, murya babu hoto. Na walima, hoto babu murya. Wasu daga cikin na tafsiri suna fitowa a kife, kan malam a ƙasa, littafin a sama. Na 3GP ba sa buɗuwa sam. Akwai wata folda da in aka shiga, sai duk alamomin da ke kan allo su ɓace su dawo, foldar ta rufe kanta. Na iPhone kuwa hoto ɗaya ke tsayawa cak, murya ta yi gaba ta bar shi.

A nan ne hukuncin mai gyaran farko ya faɗi. Da faifan ajiya ne ke mutuwa, lalacewar ba za ta zaɓi iri ba, za ta ci duk abin da ya faɗa a wurin da ya samu rauni, takarda ce ko hoto ko bidiyo. Cutar da ke bin fayiloli dangi-dangi, ta yi wa VOB iri ɗaya ta yi wa AVI wani iri, ba a jikin fayil take ba. Tana jikin mai karanta su.

Duk da haka ban taɓa komai ba sai da na kwashe. Na kwance faifan ajiyar, irin tsohon nan mai faffaɗar waya, na tafi da shi shago na jona shi da tawa kwamfutar, na kwafe komai zuwa wani faifai na waje. Sannan na riƙa buɗe su ɗaya-ɗaya da manhajar kallon bidiyo mai suna VLC. Kafin a kira magariba na ga amarya, na ga Kawu da rawanin alhazai, na ga malam zaune daidai. Cikin tarin nan duka, biyu ne kawai suka yi gardama. Zan dawo kansu.

Ambulan da wasiƙa

Washegari da na gaya wa Kawu ya ce in fahimtar da shi, shi malami ne, ba ya son a ce masa an gyara kawai. Ga abin da na faɗa masa.

Bidiyo in an bar shi ɗanye girmansa ya wuce misali. Hoton VCD ƙarami ne, ɗigo 352 a kwance, 288 a tsaye, hoto 25 kowace daƙiƙa. Amma ko shi, in ba a matse shi ba, minti ɗaya zai ci sama da mega 450, faifan mega 700 ba zai ɗauki abin da ya wuce minti ɗaya da rabi ba. Da matsewa ne faifai ɗaya ke ɗaukar fiye da awa guda. Dabarar matsewa da warwarewar nan ita ake kira kodek, kuma dabarun suna da yawa: MPEG-1 na VCD, MPEG-2 na DVD, DivX da Xvid, H.263 na tsofaffin wayoyi, H.264 da aka tsayar a 2003, sai HEVC na 2013.

Haruffan da ke ƙarshen sunan fayil, AVI ko MP4 ko MKV, ba su ne kodek ba. Ambulan ne. A cikinsa akwai wasiƙa biyu, ɗaya ta hoto ɗaya ta murya, kuma kowace na iya zuwa da nata harshen. Na ce wa Kawu ya ɗauka an aiko masa ambulan daga Gwandu, wasiƙa ɗaya da Larabci ɗaya da ajamin Fulatanci. In a gidan akwai mai Larabci amma babu mai Fulatanci, za a ji rabi a rasa rabi, kuma ba wanda zai ce takardar ta lalace.

Ya gyaɗa kai ya ce, "To ashe mai karatu munka rasa."

Na ce a'a Kawu, a nan gidan masu karatun ne suka yi yawa.

Windows XP tana kunna bidiyo ta wani tsari da ake kira DirectShow. Manhajar kallo irin Windows Media Player ba ta karanta komai da kanta. In an danna fayil, sai ta nemi Windows ta haɗa mata ma'aikata a jere: mai buɗe ambulan ya raba wasiƙun, mai warware hoto, mai warware murya, sai mai haskawa a allo. Kowane ma'aikaci ƙaramin fayil ne da aka rubuta sunansa a rajistar Windows, tare da wata lamba da ke nuna darajarsa. In mutum biyar suka ce sun iya Xvid, mai babbar lamba ake fara kira, kamar zaman fada. Matsalar ita ce kowane ma'aikaci shi ke zuwa da lambarsa, kuma kowane ƙunshin kodek, wato tarin ma'aikatan nan da ake ɗorawa lokaci guda, in an ɗora shi ƙoƙari yake ya zaunar da nasa mutanen a gaba.

Daga ina ƙunshin ya samo asali

Waɗannan tarin kodek ba don wasa aka ƙirƙiro su ba, buƙata ce ta haife su. Windows XP ta fito a 2001 tana iya MPEG-1 da MP3 da nau'o'in Microsoft, amma ba ta zo da mai warware MPEG-2 ba, saboda fasahar tana da masu haƙƙin mallaka da ake biya a kan kowane kwafi. Wanda ke son kallon DVD sai ya nemi manhaja irin PowerDVD. A ɗaya ɓangaren kuma, a wajen 1999 wani matashi Bafaranshe, Jérôme Rota, ya sauya wani kodek na Microsoft yadda zai yi aiki cikin AVI, aka sa masa suna DivX. Da shi fim guda na DVD ke shiga faifan mega 700 kuma ya kallu. A 2001 Xvid ya ɓullo a matsayin kyauta mai buɗaɗɗen tushe, sunansa ma DivX ne aka karanta daga baya. Matroska, wato MKV, ya biyo a 2002. Ga na RealMedia, ga na QuickTime, ga FLV na YouTube na farko. Mai kwamfuta a gida ya wayi gari kowane fayil na neman nasa mai karatun.

Sai wasu suka riƙa tattara su wuri ɗaya, ka ɗora sau ɗaya ka huta. Waɗanda suka yi zamani sun haɗa da Nimo, da ACE Mega, da K-Lite da ya fara fita a 2003, da CCCP na 2005. A nan Sakkwato, lokacin da intanet sai a kafe kuma ana biya da awa, babu mai gyaran da ke yawo ba tare da ɗaya daga cikinsu a faifai ko a filash ba. Ni ma da su na koyi aiki, kuma sun yi mana rana. An tsara kowannensu ne a kan shi kaɗai zai zauna a inji.

Abin da na tarar

Da na mayar da faifan na shiga jerin manhajojin da aka ɗora, na tarar da ƙunshi uku mabambanta, tsakanin na farko da na ƙarshe akwai shekaru da dama. Ban da su akwai manhajojin kallo guda biyu da kowace ta zuba nata ma'aikatan a rajista, da wata manhajar juya bidiyo zuwa na waya. Ba wanda ya yi da mugun nufi. Duk ranar da wani fayil ya ƙi buɗuwa, sai a kira wani ya zo da filash ya ƙara wani ƙunshin a kan na baya, fayil ɗin ya buɗu, a yi masa godiya. Wanda ya ƙi a wata mai zuwa ba a danganta shi da aikin yau. Jikan kuma ya faɗa mini da bakinsa cewa da wurin ajiya ya cika, ya taɓa shiga inda manhajoji ke zama ya goge wata folda da bai san amfaninta ba. Foldar ɗaya daga cikin ƙunshin ce. Fayilolin sun tafi, sunayensu da darajarsu suna nan a rajista.

Na yi amfani da ƙananan kayan aiki guda biyu. MediaInfo na faɗa maka abin da ke cikin ambulan. GSpot, tsoho ne amma a XP har yanzu yana da amfani, yana nuna haruffa huɗun nan da AVI ke ɗauke da su a goshi, kamar XVID ko DX50 ko DIV3, kuma yana iya gwada haɗa jeren ma'aikatan ya nuna maka wa aka kira. Da su na bi cututtukan.

Bidiyon biki MPEG-1 ne, abin da XP ke kunnawa tun ranar da aka ɗora ta ba tare da taimakon kowa ba. Wani mai warwarewa da ya shigo da ƙunshi na biyu ne ya zauna a gaban na Windows, yana karɓar aikin yana miƙa wa allo abin da allon bai gane ba. Murya ta bi tata hanyar lafiya, shi ya sa ake jin guɗa.

Na walima kuwa muryarsa AC3 ce, irin ta DVD. Mai warware ta yana nan, amma an saita shi ya tura muryar ɗanya ta wata kafa ta musamman da ake jona wa manyan na'urorin sauti. Kawu ƙananan sifika biyu gare shi. Muryar na fita ta ƙofar da babu kowa a bayanta.

Na kifewa ya fi ɗaukar mini lokaci, kuma shi ya fi damun Kawu, don ya ce bai dace a ga malami da littafi a haka ba. Asalin abin tsohuwar al'ada ce ta Windows. A wani salon ajiye launi ana jera layukan hoto daga ƙasa zuwa sama, a wani salon kuma daga sama zuwa ƙasa. In ma'aikata biyu da ke jere suka fahimci juna, ba wanda zai lura. A injin Kawu mai warware Xvid na ƙunshi na farko ne, sai wani mai liƙa rubutun fassara a ƙasan hoto, na ƙunshi na uku, ya kutsa tsakaninsa da allo ko da babu fassarar da za a liƙa. Ɗaya ya miƙa ta ƙasa, ɗaya ya karɓa ta sama. Fayilolin da goshinsu ke ɗauke da DX50 wani ma'aikacin daban ke karɓarsu, shi ya sa su suke fitowa daidai, na XVID kaɗai ke kifewa. Da na ga wannan rabuwar ta bi haruffa huɗun nan sak, na san na kama bakin zaren.

Na 3GP mai buɗe ambulansu na cikin foldar da yaron ya goge. Foldar da ke rufe kanta kuma, XP ce ke ƙoƙarin leƙa kowane bidiyo ta ciro ɗan hotonsa da tsawonsa, ta kira ma'aikacin da ya karye, su faɗi tare.

Akwai abu na ƙarshe da na tsinta tun faifan na shago, wanda ke da kalmar kodek a sunansa amma ba kodek ba ne. Yaron ya tuna wata rana da ya jona modem, wani shafi ya ce masa bidiyo ba zai kunnu ba sai ya sauke wani abu. Wannan tsohon tarko ne. Mafi shahara a irinsa shi ne Zlob, wanda ya fara yaɗuwa a ƙarshen 2005 da wannan rigar. Bidiyon kirki ba ya aiko ka sauke masa mai karatu daga shafin da ka same shi. Na cire shi kafin in mayar da faifan.

Gyaran

Da sauƙi in ɗora VLC in tafi. VLC ta samo asali daga aikin ɗalibai a wata makarantar injiniyoyi ta Faris, aka sake ta kyauta a 2001, kuma tana tafe da nata masu karatun a cikinta, ba ruwanta da zaman fadar DirectShow. Shi ya sa ta buɗe komai a shagona, kuma jerin fitowarta na 3.0 yana aiki a XP. Ga mafi yawan mutane shawarata ke nan, VLC kaɗai, kada a ɗora ƙunshi ko ɗaya. Wanda ke da Windows 7, da ta fito a 2009 da H.264 na hoto da AAC na murya a cikinta, ko Windows 10 da ta ƙara da MKV, buƙatarsa ga ƙunshi ta ragu ƙwarai.

Amma a nan VLC ba za ta hana folda rufe kanta ba, kuma jikan yana yanka bidiyo da Movie Maker, wadda ita ma ta DirectShow take bi. Kawu kuma hannunsa ya saba da Windows Media Player. Dattijo mai shekara saba'in da ɗoriya ba na son in canza masa inda yake dannawa in ba dole ba. Sabuwar Windows kuwa, a kan ram gig 1, wahala kawai za ta ƙara masa.

Don haka na share fadar gaba ɗaya. Na cire ƙunshin daga na ƙarshe zuwa na farko, ina sake kunna injin bayan kowanne. Wanda aka goge foldarsa ya ƙi ciruwa ta hanyar da aka saba, sai da na bi da Codec Tweak Tool, wadda ke zagaya rajista ta nemo sunayen da babu fayil a bayansu ta share. Ana tsakiyar haka aka ɗauke wuta, batirin ajiyar wutar kuma ya daɗe da mutuwa. Hankalina bai tashi ba saboda kwafin na shago. Da aka dawo da ita bayan isha'i na ci gaba.

Kafin in ɗora komai na gwada bidiyon biki a Windows tsurarta. Amarya ta fito. Wannan ya tabbatar mini cewa cirewa ce ta warkar da shi.

Sannan na ɗora ƙunshi ɗaya tak, K-Lite. A nan ne maganar tsofaffin fitowa ke da muhimmanci. Sabon K-Lite ba ya hawa XP. Na ƙarshe da ke aiki a XP mai SP3, wato babban gyaran XP na uku, shi ne 13.8.5, na Windows Vista kuma 16.7.6. Ƙa'idar da nake bi ita ce a nemi mafi sabunta da injin zai karɓa. Wasu na ganin tsohuwar kwamfuta sai tsohon ƙunshi na zamaninta, su je su tono na 2006. Kuskure ne. Ƙunshin wancan lokacin tarkacen masu karatu ne daga hannu daban-daban. Na baya-bayan nan sun dogara ne a kan LAV Filters, dangi ɗaya da aka gina a kan FFmpeg, tushen da VLC ma ke sha daga gare shi, don haka mai buɗe ambulan da masu warwarewa duk 'yan gida ɗaya ne. Na kuma zaɓi nau'in K-Lite mai suna Standard. Mutanenmu na son nau'insa mai suna Mega saboda sunan, amma ƙarin da ke cikinsa yawanci na masu haɗa bidiyo ne, mai kallo ba ya buƙatarsa. Daga shafin masu shi na sauko da shi a shago, ban ɗauko na filash ɗin kowa ba.

Sharaɗi ɗaya na gindaya wa yaron a gaban kakansa: injin nan ba zai sake ganin modem ba. Microsoft ta daina yi wa XP gyaran tsaro tun 8 ga Afrilu 2014. A matsayin akwatin kallo tana da sauran amfani. A kan intanet kuwa gida ne babu ƙyaure.

Abin da kodek bai isa ya gyara ba

Bayan duk wannan, na WhatsApp suna ɗan sarƙewa in an yi minti goma ana kallo. Na buɗe akwatin injin. Ƙurar hunturu ta shekaru ta toshe ƙarfen da ke sanyaya furosesa kamar an liƙa masa bargo. Pentium 4 in ya ji zafi ya yi yawa rage gudunsa yake don kada ya ƙone, ga shi muna tunkarar watannin da zafin garin nan ke haura digiri 40. Na hure ƙurar, na sa sabon man sanyaya, sarƙewar ta tafi.

Na iPhone kuwa ba su da magani a wannan injin. Tun 2017 wayoyin iPhone ke ɗaukar bidiyo da HEVC in ba a canza musu saiti ba. HEVC na matse bidiyo fiye da H.264 sosai, amma warware shi aiki ne mai nauyi, sababbin injuna ma wani sashe na musamman ke yi musu shi. Mai karatun yana nan, ya kuma san harshen, ƙarfin da zai bi hoto mai layi 1080 a kan lokaci ne babu. Ko ƙunshi goma aka ɗora haka zai tsaya. Na juya su a shago da HandBrake zuwa H.264 mai layi 480, na zuba wa Kawu waɗannan, na asalin kuma na bar su a faifan waje yadda suke, domin kowace juyawa tana rage wani abu da ba ya dawowa. Na kira ɗansa na Kaduna na nuna masa inda zai shiga a saitin kyamara ya zaɓi tsarin da kowace na'ura ke karɓa.

Bidiyon biki ban juya shi ba, ambulan kawai na canza masa daga DAT zuwa MPG ba tare da an taɓa hoton ba, na kuma sa masa suna da Hausa da shekarar bikin. Faifan VCD na asali da Kawu ya ciro daga cikin wani littafi, ɗaya ya fara ɓarewa ta gefe. Kwafin da ke cikin kwamfutar nan, wanda aka so a share, shi ne kaɗai cikakken da ya rage wa gidan. Yanzu akwai uku: na injin, na faifan waje a akwatin Kawu, da wani a gidan 'yarsa a Gawon Nama.

Saura biyun da suka yi gardama. Na farko AVI ne na tafsiri da aka zare filash kafin ya gama shiga. AVI na ajiye jadawalin da ke nuna inda kowane hoto yake a ƙarshen fayil, don haka wutsiyar ce ta tafi da jadawalin. VLC ta sake gina shi, karatun ya kunnu har inda ya yanke.

Na biyun 3GP ne, kashi na biyu na saukar karatu. Shi ma an yanke shi wajen kwafa, amma danginsa ba su da sauƙin AVI. A 3GP da MP4 bayanin da ke fassara duk abin da ke ciki dunƙule yake wuri ɗaya, kuma wayoyi a ƙarshe suke rubuta shi, bayan an tsayar da ɗauka. In ya tafi, abin da ya rage tarin lambobi ne da ba a san farkon kowane hoto ba. Na gwada dabarar aro wannan bayanin daga kashi na farko, tunda waya ɗaya ta ɗauke su, ban samu abin da zai kallu ba. Na gaya wa Kawu gaskiya. Jikan ya ce wayar ta gwaggonsa ce ta Runjin Sambo, kuma ba ta yar da kaya, wataƙila memorin na nan cikin wata jaka. An aika mata.

Kashi na farko dai ya buɗu. Ɗigo 176 ne a kwance, 144 a tsaye, muryar siririya irin ta waya, tsawonsa bai kai minti ɗaya ba. Auta na zaune da allo a cinya, Inna ta shigo ta gefe da kwanon masa, ta juyo ta ce wa mai ɗauka ya matsa ya ba mutane hanya. Na kai hannu zan faɗaɗa shi ya cika allo, Kawu ya riƙe mini hannu.

"Bar shi ƙarami, ɗana. In ka buɗa shi huskar na watsewa."

Na bar shi. Ya ce in nuna masa inda ake dannawa ya riƙa maimaita kansa, na nuna masa, na ɗauki jakata na fita zaure na jira kiran magariba.